Chimichangar Da Ban Taɓa Yi Ba

Kafin wata ta zo ƙasan rubutun nan ta ce min "ai ke kika jawo wa kanki", bari in riga ta faɗa: ni na jawo wa kaina. Na sani. Na gaya wa kaina a gaban madubi, Anti Patricia ma ta gaya min har bakinta ya gaji. Don haka ku bar ni kawai in ba ku labarin yadda abin ya kasance.

Sunana Louisa, 'yar Kagoro ce ni, shekarata ashirin da tara. Shekara huɗu ke nan ina Dubai, ina aikin karɓar baƙi a wani asibitin haƙori. A Al Muraqqabat nake zaune, a wani flat mai ɗaki uku da muke haya mu shida. Ɗaki ɗaya namu ne ni da Anti Patricia, ƙanwar mamana, wadda ke gyaran gashi a wani salun. Sauran biyun na wasu 'yan matan Filifin ne su huɗu. Kicin ɗaya, oven ɗaya, sai takarda manne a jikin firij da ke nuna lokacin girkin kowa. In ka wuce lokacinka da minti goma, za ka ji an fara tari a bakin ƙofa.

Sai kuma Elkana Kure. Ɗan Bokkos ne, yana gyaran injinan sanyi na kwantenoni a tashar jiragen ruwa ta Jebel Ali. A coci muka haɗu, wata goma sha ɗaya da suka wuce. Dogo ne, ba ya son hayaniya, in zai yi dariya kafaɗunsa ne ke fara rawa kafin a ji sauti. Ina son sa. Na rubuta wannan a fili ne don kada abin da zai biyo baya ya sa ku yi zaton wani abu daban.

Wata biyar da suka wuce ya yi mura mai zafi, na ce zan kai masa abinci. Ranar na tashi aiki a makare, ƙafafuna kamar ba nawa ba, sai na biya wani gidan abinci na 'yan Meziko da ke kusa da wurin aikinmu na sayi chimichanga guda huɗu. Ga wadda ba ta san shi ba: wani burodi ne falle-falle mai faɗi da ake kira tortilla, kamar na shawarma amma ya fi laushi. Sai a zuba niƙaƙƙen nama da wake da cheese a ciki, a naɗe shi kamar ƙunshi, a soya a mai har ya yi ƙus-ƙus. Na juye su a kulata don kada su huce, wallahi dalilin ke nan kawai. Na kai masa, ya gutsura ɗaya, ya rufe ido, ya ce, "Lou, ke kika yi wannan?"

Da na ce "a'a" da yau ba ku da abin karantawa. Amma yadda ya kalle ni, hancinsa ja, idonsa na ƙyalli, sai na ji bakina ya ce, "Eh mana. Wa zai yi?"

Daga nan abin ya zama aiki. Sau huɗu ina komawa gidan abincin nan da kulata a jaka. Ya gaya wa abokan aikinsa, ya gaya wa mawaƙan kwaya a coci. Har wani suna yake kira na da shi, wai 'yar Meziko.

Ranar Alhamis ina zaune a teburin aiki saƙonsa ya shigo.

"Lou, Mama ta iso lafiya jiya. An gama duba zuciyarta, likita ya ce da sauƙi, amma ta bar soye-soye gaba ɗaya."

Na rubuta, "Mun gode wa Allah. Ka gaishe min da ita."

"Za ki gaishe ta da kanki. Ran Lahadi bayan coci zan kawo ta gidanku. Na ba ta labarin chimichangarki, ta ce sai ta ci."

Na dake, don na san hanyar gidan abincin ko ido a rufe. Sai wani saƙon ya biyo baya.

"Amma ki gasa a oven, kada ki soya, saboda maganar likita. Kuma ta ce za ta zo da wuri ta ga yadda ake yi, tana so ta je ta yi wa Baba."

Na karanta sau uku. Wani majiyyaci yana tsaye a gabana riƙe da kumatu yana jiran in ba shi lamba, ni kuwa ina kallon waya kamar wadda aka aiko wa sammaci.

Da na koma gida na gaya wa Anti Patricia. Tana zaune a bakin gado tana warware gashin doki, ba ta ko ɗago ba ta ce, "Ki kira shi yanzu ki faɗa masa gaskiya."

"Anti, yanzu da mahaifiyarsa take gari?"

"To ki bari sai ranar ɗaurin aure, Fasto ya tambaya ko akwai mai magana, mai gidan abincin ya ɗaga hannu."

Ban yi dariya ba. Ita ma ba don dariya ta faɗa ba.

Ban san ta yaya labarin ziyarar ya isa Kagoro ba, ko da yake na san wa ke kwana a gadon da ke kusa da nawa. Safiyar Juma'a na tashi na tarar da saƙon murya bakwai daga Mamana. Na farko addu'a ce. Na biyu ma addu'a ce, amma da muryoyin 'yan Zumuntar Mata a bayanta suna amsa amin. Daga na uku aka shiga magana.

"Louisa, ki ji ni da kyau. Ƙanwarki Pamela 'ya'yanta biyu yanzu. Ni ba matsa miki nake yi ba, amma mutane suna tambayata a coci, na rasa inda zan sa fuskata. Matar nan in ta zo ki durƙusa har ƙasa. Kada ki sa wando. Kada ki sa gashin idon nan naku mai kama da tsintsiya. Ki yi mata tuwon acca da miyar karkashi, ki bar wannan cimi-cimi ko me Patricia ta ce sunansa."

Da ma a ce tuwon acca aka nema. Da ido ɗaya a rufe zan tuƙa shi.

Ranar Asabar na yi gwaji. Na sayo niƙaƙƙen naman shanu, tortilla leda biyu, cheese, waken gwangwani, albasa, tafarnuwa, da wasu kayan ƙamshi da matar cikin bidiyon ta lissafa, cumin da oregano da garin barkono. Matar nan kicin ɗinta ya fi ɗakinmu girma, farcenta a goge, tana murmushi tana cewa abin ba wuya, minti talatin an gama. Ni minti talatin ɗina a neman murfin blender ya ƙare.

Hannuna ya saba da miya, don haka na markaɗa tumatir na zuba a naman na rufe tukunya. Naman ya saki ruwa ya zama fate. Na ciro tortilla daga firij na cika shi dam, don a gidanmu ba a rowar nama. Ina naɗewa ya tsage. Na biyu ma ya tsage. Na uku na ɗaure shi da tsinken sakace guda huɗu kamar wanda aka yi wa ɗinki a asibiti. Abin da ya fito daga oven bayan minti ashirin da biyar ya fi kama da katifar da ruwan sama ya daka.

Anti Patricia ta ɗanɗana da cokali, ta jima tana taunawa, ta ce, "Ɗanɗanon ba laifi. Kamannin ne dai sai addu'a."

"Anti, ki taimake ni mana."

"Ni kitso na iya. Kuma na riga na ba ki taimakon da nake da shi, kin ƙi karɓa."

Haushi ya turnuƙe ni, amma haushin wa zan ji? Na wanke tiren ina ƙunƙuni, na sake kallon bidiyon sau biyar, na rubuta matakan a waya ɗaya bayan ɗaya.

Lahadi na je sujadar farko na dawo da gudu. Lokacin kicin daga sha biyu zuwa biyu na 'yan Filifin ne, sai da na yi musu alkawarin wanke banɗaki na sati guda kafin suka bar min. Na sa doguwar rigar atamfa shuɗiya mai zanen ganye ruwan ɗorawa, wadda aka ɗinka min a Kafanchan da Kirsimeti, na ɗaura ɗankwalinta, na sa ɗan kunne ƙarami. Mamana ta kira ta bidiyo don ta duba ni.

"Juya in ga bayan. Hannun rigar bai yi gajere ba? Goge jan bakin nan, rage shi. Ina tuwon?"

"Mama, network ba kyau," na ce, na kashe.

Watan Agusta ne. Wanda bai san Agustan Dubai ba, ya buɗe oven ya sa kansa a ciki, ya ji. Sanyin AC ba ya kaiwa kicin ɗinmu, sai wata 'yar fanka a bango da ke kuka kamar jinjiri. Shirina shi ne in soya naman in gama haɗa komai kafin su iso ƙarfe ɗaya, in ya so Maman Elkana ta ga naɗi kawai. Sha biyu da kwata, ina tsakiyar yankan albasa, hawaye na zuba, hodata ta fara narkewa, aka danna ƙararrawa.

Na ji muryar Elkana a falo yana cewa, "Hanya ba cunkoso yau, shi ya sa."

Na fito na durƙusa har ƙasa kamar yadda aka umarce ni. "Sannunku da zuwa, Mama. Ya jiki? Ya gajiyar hanya?"

Gajeriyar mace ce mai jiki, sanye da leshi ruwan toka da tabarau mai igiya. Ta kama kafaɗuna ta ɗaga ni, ta kalle ni tun daga ɗankwali har ƙafa, ba gaggawa. "Tashi 'yata. Jiki da sauƙi, mun gode wa Ubangiji. Ke ce Louisa." Ta miƙa wa Anti Patricia wata leda mai acca da kwalbar zuma, suka gaisa, ta sha ruwa rabin kofi. Na yi zaton za ta zauna ta huta. Sai ta ajiye jakarta a kujera ta ce, "Ina kicin ɗin?"

Anti Patricia ta kai mata kujerar roba ta ajiye a bakin ƙofar kicin, ta kalle ni da gefen ido ta koma falo. Ban taɓa jin ina son in yi wa babba rashin kunya ba sai ranar.

Na jingina wayata a bayan blender inda zan iya leƙawa. Na ɗora kasko, na zuba naman.

"A ina kika koyi wannan abincin?" Mama ta tambaya.

"Wurin wata abokiyar aikina ce, Mama."

"'Yar can ƙasar ce?"

"Eh... mijinta ne ɗan can."

Kun ga yadda abin yake? Ƙarya ɗaya ta haifi abokiyar aiki, abokiyar aiki ta yi aure a cikin minti ɗaya.

Fuskar wayar sai mutuwa take yi duk bayan daƙiƙa talatin. Hannuna duk maiƙo, in na taɓa ta ba ta buɗewa. Na manta ko cumin cokali ɗaya ne ko biyu, na zuba biyu. Na manta tafarnuwa har sai da naman ya yi duhu. Gumi yana bin bayana yana gangarowa, ɗankwalin yana zamewa, ga idon Mama a kan hannuna kamar fitilar likitanmu. Da ta yi magana ma da ya fi min sauƙi.

Elkana ya leƙo, fuskarsa fal murna. "Mama, ki lura da kyau. Abokaina har roƙona suke yi in rage musu."

"Ina lura," in ji ta.

Na naɗe guda shida. Biyu sun tsage a gefe, na juya tsagar ƙasa don kada a gani. Na shafa musu mai sama-sama, na tura tiren can ƙasan oven don su yi saurin gasuwa, na murɗa wuta har ƙarshe. Na juya na fara dama piya da lemun tsami na ci da shi, ina yi wa Mama hirar yanayin gari da muryar da ni kaina ban gane ta ba.

Warin ƙauri ne ya fara zuwa. Kafin in ajiye cokali hayaƙi ya fara fitowa ta gefen murfin oven. Ina buɗewa ya bugi fuskata, na'urar hayaƙin da ke silin ta fara ihu. Ɗaya daga cikin 'yan Filifin ta fito da gudu da tawul a ka, ta hau kujera tana kaɗa wani tawul ɗin a ƙarƙashin na'urar, tana faɗin in mai gadi ya hauro mun shiga uku da mai gida. Anti Patricia ta buɗe tagogi, zafin waje ya shigo ya haɗu da na ciki. Mama tana tari a hankali, ta toshe hanci da bakin gyalenta. Matar da aka duba wa zuciya kwana uku da suka wuce.

Na ciro tiren. Ƙasansu baƙi ƙirin, samansu fari fat kamar ba su ga wuta ba. Cheese ɗin ya tsiyaye ya ƙone a jikin tire, waken ya fito ta tsagar da na ɓoye.

Elkana ya tsaya a bayana yana kallo. Ba faɗa ya yi ba, da ma faɗan ya yi. A hankali ya ce, "Lou, yau me ya faru? Ba haka kike yi ba."

Na so in ce masa wa ya aike shi ya yi ta talla da ni a gari, wa ya ce ya kawo mahaifiyarsa minti arba'in da biyar kafin lokaci, wa ya ce ya sa ta zauna a kaina. Amma duk cikin waɗannan babu laifinsa ko ɗaya, kuma wannan ne ya fi ba ni haushi.

Mama ta ce, "Elkana, fita ka ba mu wuri. Ja mana ƙofar."

Ya fita. Na'urar ta yi shiru. Sai kukan fanka.

Na ajiye tiren a kan sink, na juya, ban san lokacin da na durƙusa a kan tayil ɗin da ya sha maiƙo ba. "Mama, ku yafe ni. Ban iya ba. Ban taɓa iyawa ba. Saye nake yi a gidan abinci in juye a kula in kai masa. Babu wata abokiyar aiki. Jiya ne karo na farko da na gwada, shi ma bai yi ba."

Na sunkuyar da kai ina jiran ta miƙe ta nemi jakarta. Har ina iya jin muryar Mamana a saƙo na takwas.

Sai na ji ta ce, "Tashi, za ki ɓata atamfarki. Tun da kika ɗora kasko na gane. Hannun da ya saba da abu ba ya leƙen bayan blender." Ta cire tabarau ta goge da gyale. "Akwai sauran naman?"

"Akwai rabi, Mama."

"Burodin fa?"

"Leda ɗaya."

"To karanta min abin da wayar ta ce, daga farko, a hankali. Shekara talatin ina yin meat pie ina kaiwa makarantu a Bokkos. Duk abin da ake naɗewa a gasa ɗan'uwansa ne."

Ta miƙe, ta naɗe hannun leshinta, ta wanke hannu. Na ce mata likita fa, ta ce likita mai ya hana ta ci, bai hana ta tsayuwa ba. Ina karantawa tana gyaɗa kai. Ta sa na mayar da naman kan wuta ba murfi har ruwan ya ƙafe, ta tsiyaye kitsen a kofi, ta ɗanɗana a tafin hannu ta ce cumin ɗin ya yi yawa, in matse lemun tsami kaɗan. Ta sa na dame waken da bayan cokali ya yi kauri, muka bar komai ya sha iska. Ta taɓa tortilla ɗaya ta ce, "Wannan sanyi ne ya sa yake karyewa. Ko ganyen alala sai an ɗumama shi kafin ya lanƙwasu." Muka riƙa ɗora su a busasshen kasko ɗaya bayan ɗaya, ɗan jim a juya, sai ga su sun yi laushi kamar tsumma.

"Cokali uku kawai," ta ce da ta ga na ɗebo da yawa. "Ba sadaka kike rabawa ba."

Wake a ƙasa, nama a kai, cheese a sama. Ta lanƙwaso gefe da gefe, ta naɗe daga ƙasa ta matse, ta kwantar da shi a kan bakin naɗin. Na yi nawa, ya karkace. Ta warware ta ce in sake. Na uku ya yi. Muka shafe su da mai ko'ina har gefuna, ta mayar da ragar oven tsakiya, ta rage wutar zuwa ɗari biyu, ta ce bayan minti goma sha biyu in juya tiren gaba ya koma baya, don ta lura ta ciki ya fi ƙonewa.

Muna tsaye muna jira, ta ce, "Abu ɗaya, 'yata. Ni ba zan gaya masa ba. Ke za ki gaya masa, kuma yau. Ƙaramin abu ne, amma ba a shiga gidan aure da ɓoyayyen abu a hammata. In ya daɗe wari yake yi."

"Zan gaya masa, Mama."

Da na buɗe oven a karo na biyu, ƙamshi ne ya fito. Guda shida, sun yi ja-ja-ja ruwan zuma, ba wanda ya fashe. Na ƙwanƙwasa ɗaya da cokali ya amsa ƙas. Wallahi sai da idona ya ciko. Na ji kamar an sauke min buhun siminti daga ka. Na ce a raina, shi ke nan, khalas, yau zan faɗi gaskiya a gaban kowa, a yi min dariya a wuce wurin.

Mama ta gutsuri gefen ɗaya tana hurawa, ta tauna, ta gyaɗa kai. "Babansu zai so wannan. Sai dai oven ɗina na gida na gawayi ne. Amma Elkana ya ce zai sa irin wannan mai lantarki a kwantenar, tare da firij da sauran kayanku."

Ina jera su a faranti, hannuna ya tsaya. "Wace kwantena, Mama?"

"Ta kayan da za ku koma da su mana. Ai ya ce ƙarshen wata mai zuwa zai gama aiki, takardar ajiye aikin ma an riga an karɓa. Babansu ƙafa ta ƙi, gonar dankalin ba mai kula da ita, shi ne babba. Har an fara yi wa ɓangarenku fenti." Ta ɗauki tsumma tana goge yatsu. "Satin da ya wuce ma mun yi waya da mahaifiyarki, ta ce ke ma kin gaji da ƙasar nan, Disamba ya yi mata daidai a yi bikinku."

Ban san yadda fuskata ta koma ba, amma Mama ta daina goge hannun. Ta mayar da tabaranta ta kalle ni da kyau.

"Bai gaya miki ba?"

Ranar Talatar nan da ta wuce na sa hannu a sabon kwantiragi na shekara biyu, aka ƙara min matsayi, ni zan riƙa kula da duk 'yan teburin karɓar baƙi. Shekara huɗu ina tsaye ina yi wa masu ciwon haƙori murmushi kafin in samu wannan. Elkana ne mutum na farko da na kira. Ya ce min, "Na taya ki murna, Lou, kin cancanta." Bai ƙara ko kalma ɗaya ba. Ashe a lokacin takardarsa tana kan teburin shugabansa, ana yi wa ɗakina fenti a garin da ban taɓa takawa ba, uwata da tasa sun tsayar da wata.

Ni ina nan kwana uku ba barcin kirki a kan naɗin burodi.

Daga falo ina jin Anti Patricia tana ba shi wani labari, yana dariya. Na ɗauki farantin da hannu biyu. Mama ta riƙe min ƙofa, ta ce a hankali, "'Yata, bari a ci abinci tukuna."

Na fita. Na ajiye farantin a tsakiyar tebur, na ajiye piyar a gefe. Elkana ya tafa hannu sau ɗaya ya ce, "Yawwa, ga 'yar Meziko ta dawo. Na ce miki, Mama." Ya miƙa hannu zai ɗauka.

Na janye farantin kaɗan.

Ya ɗago ya kalle ni, ya kalli mahaifiyarsa da ke tsaye a ƙofar kicin. Na ga lokacin da ya gane. Kafaɗunsa suka sauka.

Na ja kujera na zauna daidai gabansa, na kwance ɗankwalin da ya jiƙe da gumi na ajiye a cinya.

"Elkana, ina da abin da zan gaya maka, kai ma kana da abin da za ka gaya min," na ce. "Nawa na minti ɗaya ne. Fara naka."